Yumɓun da Bai Ga Wuta Ba

Bangon ɗakin Inna Kande ya faɗi a daminar bana. Ba wanda ya damu. Samari suka kwashe ƙasar suka toshe ramin da awaki ke bi a gindin ganuwa, aka wuce wurin. Ni na je na tsaya. Na ga guntun bango ɗaya a kife, na juya shi da sandata, sai ga zanen ƙadangare da rabin kifi, jan makubar bai gama koɗewa ba. Na mayar da shi yadda na same shi. Tun daga ranar abubuwan da na binne suke ta tasowa. Ni ba mai yawan magana ba ce. Abin da na gani kawai zan faɗa.

Ba a cikin Birnin Gwari aka haife ni ba. Ƙauyenmu yana can wajen Kazage, a bakin daji, gidaje kaɗan a gindin wani dutse, Hausawa ta gabas, Gwarawa ta yamma, rijiya ɗaya. Yanzu ko kufansa ba za ka gane ba, geza da gora sun cinye shi. A lokacin ba mu da ganuwa, ba mu da ƙofar da ake rufewa. Kukan burtu daga fadama ne ke tashin mu, sai luguden gidan da ya riga kowa farkawa, sai muryar matan Fulani da suka sauko da nono daga ruga. Mu 'yan mata mukan shiga daji tsintar kaɗanya, mu yi nisa har mu daina jin ƙarar daka, abin tsoronmu bai wuce gwaggon biri da kashin giwa mai ɗumi ba. Mu dawo da rana tsaka, ƙafafu duk ƙaya, a yi mana faɗa, gobe mu koma. Yaran yanzu ba su san wannan ba. A bayan ƙofa aka haife su. Gona ma sai an taru ake zuwa, maza da baka a kafaɗa, wani a kan bishiya yana duban hanya da ƙaho a hannu. Yarinya takan isa aure a garin nan ba ta taɓa ganin inda kaɗanya ke faɗowa ba, sai dai ta gan ta a ƙwarya.

Inna Kande Bagwariya ce. Sunanta na gidansu ya fi ƙarfin harshenmu, muka laƙaba mata Kande, ta amsa. Ban san wanne zan ce shi ne sana'arta ba. Tana gina tulu da randa. Tana zana ƙwarya da ƙarfe mai zafi. In an yi sabon ɗaki ita ke shafe bangon da makuba, ta zana ƙadangaru da kifaye da wasu layuka masu zagaye waɗanda ita kaɗai ta san inda suka nufa. Takan kifa ƙwarya a cikin ruwa ta kaɗa, ta yi waƙa rabi da Gwari rabi da Hausa. In tana gini ba ta zama, ita ke zagaya yumɓun da baya da baya, a sunkuye, tana gunguni, har tulun ya taso ya kai mata gwiwa. In an kira salla ta yi salla. In za ta haƙi yumɓu a bakin rafi kuma sai ta fara zuba ruwan gari a gindin tsamiyar da ke wurin. Liman ya yi mata magana ba sau ɗaya ba. Ta ce, "Malam, da ƙasar nan aka yi ni, da ita aka yi ka. Zan shiga in ɗiba ba sallama?" Ya ce ba haka ake yi ba. Ta ce to. Ba ta daina ba, shi ma bai daina alwala da butar da ta gina masa ba.

Ita da mutanenta ba sa ɗora kaya a ka, sai a kafaɗa. Itace, doya, tulun ruwa, duk a kafaɗa, wuya a karkace. Mu kuwa muna tafiya a miƙe da gammo muna yi musu dariya. Wata rana a hanyar rijiya na ce, "Inna, wannan kan naki na ado ne?"

Ta ce, "Kaina yana ɗauke da ni tun da aka haife ni, 'yar Hausa. Ya ishe shi. Ku da kuke jibga masa itace, shi ya sa ba kwa tuna abin da kuka ci jiya."

Sai masu dawaki suka fara zuwa. Ba yaƙi suke yi ba, ɗiba suke yi. Su fito daga yamma, su kama wanda suka samu a gona ko a rafi, kafin a ɗauko baka sun ɓace. A lokacin an yi mini aure, ina goye da 'yata ta fari, wadda har yau Yarinya nake ce mata ko da yake furfura ta cika mata kai. Mai gidana mai zuma ne, yana da amya a bishiyoyi can cikin daji. Ba shi da tsayi. Yana da bille ɗaya a kuncin hagu. Ya fita da safe duba amyarsa. Da yamma aka kawo mini igiyarsa da gorarsa, an tsince su a gindin ɗorawa, sawun dawaki ya zagaye wurin.

Wanda ya mutu an huta da shi. A wanke shi, a yi masa salla, a kai shi, matarsa ta yi takaba ta fita. Wanda aka kama ba shi da kabari. Ba a yi maka gaisuwar mutuwa, ba a kuma ce maka barka. Mutane su zo su zauna su rasa abin faɗa, su tashi. Ni ba bazawara ba, ni ba matar aure ba. Kuma ba ni kaɗai ba ce, gidan da babu irin wannan zaman a ƙauyen kaɗan ne.

Inna Kande ce ta samo mana abin riƙewa. Ta fara gina ƙananan tuluna, kowanne bai fi dunƙulen hannu biyu ba, ɗaya ga kowane mutum da aka tafi da shi. Ba ta yi musu fuska, saboda Liman, sai dai ta tsaga musu tsagen mutumin da farcenta, zube ko bille ko abin da ke kuncinsa. Duk wanda ya kalla ya san wane ne. Mai jira zai faɗi sunan a bakin tulun, ta liƙe bakin da yumɓu. Ba ta gasa su. Ɗanyu take ajiye su a ragaya cikin ɗakinta, nesa da murhu, nesa da yoyo. In labarin mutuwa ya tabbata, a gasa tulun a kai shi makabarta, matar ta fara takaba. In mutum ya dawo, a jiƙa tulun ya narke, a shafe masa bakin ƙofar ɗakinsa da shi. Kullum bayan la'asar ta zauna ta kaɗa ƙwaryarta, ta jero sunayensu a waƙa, kowa da abin da aka san shi da shi, mai zuma, mai yawan tari, mai gardama a kan iyakar gona. Mata su bar tankaɗe su saurara har a zo kan nasu.

Da ta gina nawa ta miƙo mini shi, da sauran danshi. Ta ce, "Faɗi sunansa a ciki."

Na ce, "Inna, ai kin san sunansa."

"Na sani. Ba ni ke jiran sa ba."

"Mijina ne. Ba na faɗa."

"To tafi da kunyarki. In kwaɓe yumɓun in yi wa kaji kasko."

Ta miƙo hannu za ta karɓa. Na juya mata baya, na sa bakina a bakin tulun. Ƙanshin jiƙaƙƙiyar ƙasa ya shiga mini hanci. Na faɗa. Tun da aka ɗaura mana aure ban taɓa faɗar sunan nan ba, kuma daga ranar ban sake ba. Ta liƙe bakin da babban yatsanta, ta ɗora shi a ragaya.

Akwai wani Dogo, maƙwabcinmu, an kama shi kafin nawa. Wasu fatake suka sauka a ƙauyen suka ce sun ga gawarsa a hanya, suka kwatanta tsagensa daidai. Inna Kande ta gasa tulunsa. Matarsa ta yi takaba, ta yi aure, ta haihu. Bayan damina da yawa sai ga Dogo ya shigo da rana tsaka, ƙashi da fata, da tabon igiya a wuya. Aka gaya masa abin da ya faru. Bai yi faɗa ba. Ya tafi makabarta ya ɗauko tulunsa, ya zo ƙofar Inna Kande, ya ƙwanƙwasa shi da yatsa, tulun ya yi ƙara ƙal-ƙal. Ya ce, "Inna, kin gasa ni da kyau." Ya yi dariya shi kaɗai. Inna Kande ta karɓa ta jefa shi cikin randa, ta bar shi kwana da kwanaki. Gasasshen yumɓu ba ya narkewa. Dogo ya zauna a zauren wansa yana kallon tsohuwar matarsa tana wucewa rijiya da goyon wani, har wasu fatake suka zo ya bi su. Ba a sake jin duriyarsa ba. Inna Kande ta kife ƙwaryar kiɗanta, sai da kaka ta wuce ta sake taɓa ta. Ta tara mu ta ce daga yau hannunta ba zai ƙara sa tulun kowa a wuta ba. Mai jira, in ya gaji, shi zai sa da kansa.

Shekaru suka tafi. Yarinya ta sauka daga baya, ta fara zuwa rijiya. Baffana, ƙanen mahaifina, wanda nake zaune a gidansa, ya kira ni zaure. Ya ce, "Ke 'yar nan, na tambayi Liman. Ya ce jiran da kika yi ya isa a shari'a. Ga wani mutumin Gayam yana tambaya, manomi ne, yana da rumbu. Ban ce dole ba. Amma ƙuruciya ba ta jiran kowa." Na ga mutumin. Ba mugu ba ne, kuma ba zan ce ban so ba. Ranar da Inna Kande ta tara itace za ta gasa randunanta na je. Na shiga ɗakin, na sauko da tuluna, na fito da shi har bakin wutar. Zafi yana dukan fuskata. Tana can gefe tana jiƙa makuba, ba ta ɗago kai ba. Na tuna ƙarar tulun Dogo. Na koma na mayar da shi ragaya. Haka na yi ta yi duk ranar gashi, in ɗauko in mayar, har mata suka fara cewa tuluna ya fi kowane tulu yawo.

Ranar da muka bar ƙauyen tsakiyar damina ce. Da hantsi wani Bafulatani ya shigo a guje ya ce dawaki sun ƙetare kogi, ba irin na da ba, waɗannan sun fi ƙarfin ƙirga, da wuta suke tafe. Aka busa ƙaho. Dattawa suka ce kowa ya nufi Birni ta hanyar daji, inda doki ba ya iya bi. Kowa ya ɗauki abin da ya samu. Inna Kande ta bar randunanta da ƙorenta duka, ta tsaya a ƙofar ɗakinta tana miƙa wa kowa ɗan tulunsa. Da ta ba ni nawa ta riƙe mini hannu. Ta ce, "A kafaɗa. Ki lulluɓe shi da mayafi. Hadari yana haɗuwa. Kin ji ni, 'yar Hausa? Ban da ka."

Na ji ta. Na ɗora kwandon dawa a kaina, na kama Yarinya da hannu ɗaya, na sa tulun a kafaɗa na tallafe shi da ɗayan. Ban saba ba. Wuya ya ƙage, tulun yana zamewa, ƙaya tana jan mayafin, Yarinya tana tuntuɓe ina buƙatar hannu. Ban san lokacin da hannuna ya ɗaga shi ya tura shi cikin kwandon ba. Ba shawara na yi ba. Hannun Bahaushiya in ya gaji, ka yake nufa. Abin da ke kafaɗa kana ganin sa da gefen ido. Abin da ke ka mantawa ake yi da shi, shi ya sa muke son ɗora kaya a ka.

Ruwa ya kece. Muna jin ihu a bayanmu, hayaƙi ya taso ta wajen ƙauyen duk da ruwan. Ba wanda ya waiwaya. Muka ratsa rafi ruwa iya ƙugu, na ɗaga Yarinya da hannu biyu. Can na ji wani abu mai kauri yana gangaro mini a goshi, ya shiga ido, ya shiga baki. Na shafa, ja ne. Na ɗauka reshe ne ya fasa mini kai. Sai da na ji ɗanɗanon ƙasa na gane. Ban tsaya ba. Ba wurin tsayawa. Haka na tafi yana zubo mini har muka ga ganuwar Birni. Muka shiga, aka turo ƙofa a bayanmu. Ƙarar rufewar nan tana kunnena har yau.

Na sauke kwandon a gindin ganuwa. Babu tulu. Jan laka ce kawai ta cakuɗe da dawa. Mata suka zagaye ni. Wata ta ce, "Ruwa ai na wanda ya dawo ne. Mijinki yana hanya." Baffa ya ce, "Ku daina ruɗa ta. Abin da ta kasa yankewa Allah ya yanke. Babu tulu, babu jira." Suka shiga musu a kaina, ni ina tsaye ruwa yana ɗiga daga haɓata.

Inna Kande ta iso daga baya, ita ce ta ƙarshen shiga. Ta kalle ni. Ta tsinci sakaina a ƙasa, ta ce in durƙusa. Ta kankare mini goshi, ta kankare bayan kunne, ta bi kitsona layi-layi, ta tsince abin da ya maƙale a saƙar kwandon. Ta haɗa a tafin hannunta ta mulmula. Bai fi ƙwallon kaɗanya ba. Ta tsaga masa bille da farce.

Ta ce, "Na ce miki kafaɗa."

Na ce, "Sunan fa, Inna? Ya tafi?"

"Ina zai je? A kanki ya zube."

"To yanzu ya mutu ne ko yana nan?"

"Ni maginiya ce, ba na duba." Ta danƙa mini shi a hannu ta rufe yatsuna a kai. "Ɗanye ne. Wuta kuwa akwai ta a gidan kowa."

Na kai wa baduku ya ɗinke shi a fata kamar laya, na rataya a wuya. Mutumin Gayam ya jira kaka ɗaya, ya auri wata. Baffa bai sake tada maganar ba. Muka zauna a Birni muna cewa in ƙura ta lafa mu koma. Ba ta lafa ba. Aka ba mu wani lungu a jikin ganuwa, inda rana ba ta leƙowa sai ta yi tsaka. Inna Kande ba ta ƙara ganin yumɓun bakin rafi ba. Na kududdufin cikin gari tsagewa yake yi a wuta, ta gwada ta gwada ta bari. Sai ta koma bango. Ta zana ƙauyenmu duka a jikin ɗakinta, kowane gida da zagayensa, rijiya, tsamiya, dutsen, kifayen rafi, ƙadangarun da ke kan rumbuna. Mutanenmu sukan zo su sa yatsa su ce nan ne gidanmu. Bayan la'asar ta kaɗa ƙwarya ta jero sunaye. Sunayen suka yi ta ƙaruwa har magariba takan same ta ba ta kai ƙarshe ba. Idonta ya mutu, ba ta ɓatar da ko ɗaya ba. Da ta rasu ba wanda ya iya ɗaukar waƙar. Tulunan kuwa wasu an gasa, wasu yoyo ya cinye, wasu yara sun fasa ba su san mene ne ba. Yanzu in an kama mutum sai a yi salati a ce Allah ya kiyaye gaba. Ba a gina masa komai.

Ni dai nawa yana wuyana. In zan yi wanka in cire shi. In zan yi girki in rataye shi a bakin ƙofa. Ko sanyi ya kai yaya ba na zama kusa da murhu, jikoki suna cewa kakarsu ba ta jin ɗari. Ina ji.

Bayan bangon nan ya faɗi, Yarinya ta same ni zaune ina jujjuya layar. Ta ce, "Inna, ko ba a kashe shi ba, ai tsufa ya kashe shi yanzu. Ki jefa abin nan a wuta ki huta, a yi masa sadaka."

Na ce, "Kin ga gawarsa?"

"Haba Inna."

"Ni ma na tsufa. Ga ni zaune."

Ta tashi tana gunguni. Da ta fita na sa wuƙa na farke ɗinkin. Tun da baduku ya rufe shi ban buɗe ba. Babu ƙwallo a ciki. Gari ne, ja, laushi kamar an tankaɗe, bai cika tsakiyar tafin hannuna ba. Ba wuta ce ta ci shi ba, ba ruwa ba, gogar ƙirjina ce ta niƙe shi. Na daɗe ina kallon sa. Iska kaɗan da ta kwashe shi, da an gama.

Na tofa masa yawu. Na mulmula. Ban taɓa gina ko kasko ba, amma ya haɗu, bai fi ƙwayar gujiya ba. Na tsaga masa bille da farcena, ta hagu. Na shanya shi a inuwa, na mayar da shi cikin fatar, na ɗinke da kaina.

Gobe da sassafe Yarinya za ta hura wuta. Zan zauna a bakin ƙofa.